Mece ce Sana'ata? Yadda Talabijin Ɗin Farko Ya Ci Kasuwa da Masu Sana'o'in da Ba a Sani Ba

Ranar 2 ga Fabrairu, 1950, gidan talabijin na CBS da ke New York ya fara nuna wani shiri wanda duk dabarar da ke cikinsa ba ta wuce canki-canka ba. A shigo da baƙo, ya ɗauki alli ya rubuta sunansa a allo, ya zauna kusa da mai gabatarwa. Sai a rubuta wa 'yan kallo sana'arsa a fuskar talabijin, a ɓoye wa wasu mutum huɗu da ke zaune a gefe. Aikin mutum huɗun nan shi ne su yi ta jefa masa tambayoyin da amsarsu ba ta wuce "e" ko "a'a" ba, har su gano abin da yake yi ya ci abinci. Duk "a'a" ɗaya, baƙo ya ci dala 5. In aka kai "a'a" goma ba su gano ba, ya tashi da dala 50, wasa ya ƙare.

Sunan shirin What's My Line?, ma'ana mece ce sana'ata, kuma Mark Goodson da Bill Todman ne suka shirya shi. Ya yi shekara 17 ana nuna shi, akasari daren Lahadi da ƙarfe goma da rabi, har zuwa 3 ga Satumba, 1967, fitowa 876. Baƙuwar farko wata budurwa ce mai karɓar ajiyar huluna da riguna a wani mashahurin gidan rawa na New York. A daren kuma an kawo likitan dabbobi, da wani babba a kamfanin wanke ƙunzugun jarirai. Daga nan ƙofa ta buɗe ga masu aski da masu kiwo da masu ƙira, har da waɗanda ake harbawa daga bakin igwa a wasan nishaɗi.

Masu tuna shirin a yau sun fi son su ce ya karrama talaka mai aikin hannu, ya zaunar da shi kujera ɗaya da manya. Akwai gaskiya a ciki, amma ba ita ce gaskiyar da ta riƙe shirin shekara 17 ba. Abin da aka sayar wa 'yan kallo shi ne rashin sani. Gwanintar baƙo ba ta dami kowa ba sosai. Hajar ita ce tazarar da ke tsakanin kamannin mutum da aikinsa, da kuma kallon manyan masu ilimi suna lalube cikin duhu alhali kai da ke kwance a falonka ka san amsa.

Dole a duba lokacin. A 1950, gidajen Amurka masu talabijin ba su wuce kashi 9 cikin ɗari ba. Kafin 1960 sun doshi kashi 90. Gidajen talabijin na neman abin da za su cike sa'o'i da shi, ba tare da kashe kuɗi irin na fim ba. Shirin da ba ya buƙatar komai sai tebur biyu, allo, da baƙon da zai yi murna da dala 50, ai garaɓasa ce. Sannan ita kanta ƙasar tana sauyawa. A 1956 ne karon farko da ma'aikatan ofis suka fi ma'aikatan ƙarfi yawa a Amurka. Mutane sun koma unguwannin bayan gari, suna fita da safe cikin kwat iri ɗaya, su dawo da yamma. Kayan da suke amfani da su kuwa, tun daga takalmi har cokali, ana yin su ne a can wani wuri da ba su taɓa gani ba, kuma kowane kaya ya ratsa hannu ashirin, kowane hannu da ɗan guntun aikinsa da sunansa.

A garin da aiki yake a fili, wannan wasa ba zai yi armashi ba. Ka kawo marini daga Ƙofar Mata a Kano ka ce a canki sana'arsa, kafin ya buɗe baki shuɗin hannunsa ya tona masa asiri, kuma duk wanda ke wurin ya taɓa wucewa ta bakin karofi. Wasan na buƙatar al'ummar da aiki ya ɓuya mata, inda mutum zai shekara goma yana gaisawa da maƙwabcinsa bai san takamaiman abin da yake yi daga safe zuwa yamma ba.

Su kuwa masu cankar, da gangan aka zaɓo waɗanda suka fi kowa nisa da aikin hannu. Dorothy Kilgallen 'yar jarida ce mai kaifin tambaya, wadda ta ɗauki wasan tamkar shari'a. Arlene Francis 'yar wasan kwaikwayo ce. Bennett Cerf yana cikin waɗanda suka kafa kamfanin ɗab'in littattafai na Random House. Kujera ta huɗu galibi ta ɗan barkwanci ce, irin su Steve Allen da Fred Allen. Mai gabatarwa, John Charles Daly, ɗan jarida ne na gaske, wanda a tsakiyar shekarun 1950 ma shi ne shugaban sashen labarai na gidan ABC. Maza cikin baƙar kwat ta dare, mata cikin dogayen riguna da sarƙoƙi, kowa ana kiransa da sunan girmamawa. Idan aka zaunar da mai gyaran bututun ruwa a gaban waɗannan, rabin dariyar ta samu tun kafin a yi tambaya ta farko.

Tambayoyin kansu abin nazari ne, domin sun nuna yadda ɗan birni ke rarraba aiki a kansa. Albashi kake karɓa ko kanka kake yi wa aiki? Kaya kake sarrafawa ko hidima kake yi wa mutane? A cikin ɗaki ko a waje? Kana sa kayan sarki? Sai an yi karatu mai zurfi? Abin da kake yi ana ci, ko ana sawa a jiki? Steve Allen ne ya shahara da tambayar ko abin ya fi akwatin ajiye burodi girma, har ta zama karin magana a Amurka. Ka lura babu tambayar da ta shafi shekara nawa aka yi ana koyo, ko wa ya koyar, ko ina wahalar take. Tsarin "e" da "a'a" ba ya ɗaukar irin waɗannan. Sana'ar da mutum ya ƙare ƙuruciyarsa yana koyo, a nan ta koma amsar kacici-kacici, kuma da zarar an faɗe ta, sai tafi, sai musabaha, sai baƙo na gaba.

A shekarun farko ma abin ya fi haka muni. Baƙo sai ya bi ta gaban masu cankar ɗaya bayan ɗaya, su duba tafin hannunsa ko akwai kanta, su taɓa damtsensa, su leƙa tambarin rigarsa, sannan kowa ya yi cankar farko kyauta. Wajen tsakiyar shekarun 1950 aka daina, kuma ya dace a daina, domin ya fi kama da taya dabba a kara. Akwai kuma wata dabara da masu shirin suka yi amfani da ita a farko. Ba sa faɗa wa ɗan barkwanci amsa, amma sukan raɗa masa hanyar tambayar da za ta ɓatar da shi ta yadda jama'a za su yi dariya, musamman idan kayan da baƙon ke yi na cikin gida ne da ake jin kunyar ambata. Daga baya ita ma aka watsar da ita.

Mata sun shigo ta wannan ƙofar. Hanya mafi sauƙi ta rikita masu canka ita ce a kawo mace kyakkyawa mai aikin da kowa ya ɗauka na maza ne. Masu cankar su yi ta zagaye kan kayan kwalliya da koyarwa da jinya, alhali ita wanzamiya ce ko alƙaliya ko mai tuƙa babbar mota. Wasan ya dogara ne da tunanin cewa mace ba ta wannan aiki, to amma kowane mako yana nuna wa miliyoyin gidaje macen da take yin sa. Masu shirin ba gyaran al'umma suka fito yi ba, dariya suke nema. Sai dai yarinyar da ke kallo ta ga abin da ta gani.

Ingila ta ɗauki shirin ranar 16 ga Yuli, 1951, a BBC, inda Eamonn Andrews ya zama mai gabatarwa, kuma Gilbert Harding, mutum mai saurin fushi da baƙar magana, ya zama tauraron masu canka. Turawan Ingila sun ƙara abu ɗaya mai muhimmanci: kafin a fara tambaya, baƙo zai kwaikwayi wani motsi daga aikinsa da hannu, ba tare da magana ba. Wanda ya gagari masu canka kuwa takardar shaida ake ba shi ya rataya a ɗakinsa. A wannan shirin ne aka kawo sana'ar da har yau, in aka yi zancen baƙuwar sana'a a Ingila, ita ake fara ambata, kuma ta cancanci a tsaya a kanta.

Sana'ar daga Stoke-on-Trent ta fito, gari ne na masu tangaran, gidan su Wedgwood da Spode da Minton. A da, ana gasa kofuna da farantai ne a cikin manyan tanderu na bulo masu siffar kwalba, da wutar kwal mai zafin da ya haura digiri 1,000. Idan harshen wuta ko hayaƙi ko toka ya taɓa farin tangaran, ya lalace. Don haka sai a jera kayan a cikin wasu akwatuna na yumɓu mai jure wuta, waɗanda suke kira saga, a ɗora akwati kan akwati har kusan rufin tanderun. Masu jerawa a ka suke ɗaukar su su hau tsani. Akwatin ba ya daɗewa, bayan an shiga wuta da shi 'yan gomiya na lokuta sai ya tsage, saboda haka kowace masana'anta na buƙatar sababbi kullum.

Yin akwatin nan sana'a ce mai zaman kanta, kuma ita ma an raba ta. Akwai maigidan da ke haɗa akwatin, wanda shi ne gwani, domin in haɗin bango da gindi bai kama ba, akwati ya fashe a wuta ya jawo asarar duk abin da ke ƙarƙashinsa. Akwai mai shimfiɗa yumɓun da za a yanka a yi bango. Sannan akwai mai buga gindin akwati, galibi yaro mai koyo, wanda zai ɗauki curin yumɓu ya sa cikin wani kewayen ƙarfe, ya yi ta dukansa da ƙatuwar gudumar katako har ya baje ya cika kewayen da kauri ɗaya ko'ina. Wannan na ukun shi aka kawo talabijin. Sunan aikin a bakin Turawa, saggar maker's bottom knocker, yana da harshen damo, shi ya sa ƙasar ta kwashe da dariya, kuma dariyar ce ta sa sunan ya zauna.

Abin da masu dariyar ba su lura da shi ba shi ne sana'ar na gab da mutuwa. Bayan baƙin hazon da ya turnuƙe Landan a Disamba 1952 ya hallaka dubban mutane, majalisa ta yi dokar tsabtace iska a 1956. Aka ba masana'antun tangaran wa'adin shekaru su bar kwal, suka koma tanderun gas da na lantarki, waɗanda ba su da hayaƙin da zai ɓata kaya, saboda haka buƙatar akwatunan ta ragu ƙwarai. Zuwa 1963 an daina gasa kaya a tanderun kwalba a matsayin kasuwanci, kuma a shekarar ce BBC ta rufe shirin nata na farko. Daga tanderu kusan 2,000 da garin ya taɓa yi, waɗanda suka rage a tsaye ba su kai 50 ba. A 1978 gidan tarihi na Gladstone ya tattaro tsofaffin ma'aikata aka kunna ɗaya karo na ƙarshe domin a ɗauki yadda ake yi. Talabijin ya adana sunan aikin a bakin jama'a, amma sanin yadda ake riƙe gudumar sai da gidan tarihi ya bi tsofaffi ya roƙa.

Jamus ma ta yi nata, wanda Robert Lembke ya fara gabatarwa a 1955, ya ci gaba da shi da sunan Was bin ich? daga 1961 har rasuwarsa a 1989. Can ma baƙo na yin motsin hannu ɗaya daga aikinsa, kuma duk "a'a" ana jefa masa maki 5 na kuɗin Jamus cikin asusu mai siffar alade, wanda shi ya zaɓi launinsa. Ƙasashe uku, kyauta ba ta taka kara ta karya ba a ko'ina.

Ƙanƙantar kyautar nan ba rowa ba ce kawai, ita ce ta ceci shirin. Domin a daidai lokacin akwai wani nau'in shiri da shi ma ya yi amfani da masu sana'a, amma ta wata fuska. A 1955 CBS ta fara The $64,000 Question, wanda kamfanin kayan kwalliya na Revlon ke ɗaukar nauyi. Dabararsa ita ce a nemo mutumin da iliminsa ya saɓa da aikinsa. Aka kawo ɗan sanda masanin wasannin Shakespeare, da hafsan sojan ruwa masanin girki, da Joyce Brothers, masaniyar halayyar ɗan Adam, wadda ta haddace tarihin damben zamani ta cinye dala 64,000. Wanda ya fi shiga ran mutane shi ne Gino Prato, mai gyaran takalma a unguwar Bronx, ɗan asalin Italiya, wanda ya san waƙoƙin opera ciki da waje. Ya kai dala 32,000 ya tsaya, bayan mahaifinsa ya aiko masa saƙo daga Italiya cewa ya isa haka.

Duba yadda aka yi da sana'ar Prato. Ba wanda ya tambaye shi yadda ake ɗinke tafin takalmi. Gyaran takalmin an ajiye shi ne a matsayin shaidar ƙasƙanci, domin mamakin ya yi girma: ashe mai gyaran takalma zai san abin da 'yan boko ke taƙama da shi. A shirin canka, sana'a ita ce sirrin da ake ɓoyewa. A wannan kuwa ita ce tsummar da ake cirewa a nuna zinariya a ƙasa. Duka biyun sun tsaya kan zato guda, cewa mai kallo ya riga ya yanke hukunci kan abin da mai aikin hannu zai iya.

Da kuɗi suka yi yawa, sai maguɗi ya shigo. Masu tallar kaya na son wanda jama'a ke so ya daɗe, wanda ba sa so ya faɗi. A shirin Twenty-One na NBC, an ba Charles Van Doren, malami a Jami'ar Columbia, amsoshi a ɓoye, aka umarci Herb Stempel ya faɗi da gangan a Disamba 1956. Van Doren ya tashi da dala 129,000. Ranar 2 ga Nuwamba, 1959, ya amsa laifinsa a gaban kwamitin majalisar wakilai, kuma a 1960 aka yi dokar da ta haramta maguɗi a irin waɗannan gasa. Manyan shirye-shiryen kuɗi suka rushe. Shirin canka bai girgiza ba, domin ba wanda zai sayar da mutuncinsa kan dala 50, kuɗin da a farkon shekarun 1950 bai cika albashin mako na ma'aikacin masana'anta ba. Daly ma sau da yawa in lokaci ya ƙure, sai ya juye katunan da yake ƙirga "a'a" da su duka ya ba baƙo kuɗin gaba ɗaya.

Amma ko a cikin shirin akwai manya da ƙanana. Kowane mako ana kawo shahararren baƙo ɗaya, a ɗaure wa masu canka idanu, shi kuma ya sauya murya. Shi ana biyansa dala 500 don zuwan kawai, ninki goma na iyakar abin da mai sana'a zai samu in ya yi nasara. Kuma yau in ka nemi shirin a YouTube, waɗannan ne a gaba: mai zane Salvador Dalí a 1957, yana amsa "e" ga kusan kowace tambaya har Daly ya rasa yadda zai yi da shi, ko mai zanen gine-gine Frank Lloyd Wright a 1956. Masu sana'ar, waɗanda su ne kashin bayan shirin, sai wanda ya zauna ya kalli fitowa sukutum yake haɗuwa da su.

Akwai baƙon da ya faɗo tsakanin rukunin biyu. A Disamba 1963 wani dattijo mai farar kwat da farin gemu ya shigo ya rubuta sunansa, Kanar Harland Sanders, kuma ba a ɗaure wa kowa ido ba, domin a New York ba a san fuskarsa ba. An kawo shi ne a matsayin mai sana'ar soya kaji. Shekara ɗaya ba ta cika ba ya sayar da kamfaninsa kan dala miliyan 2, kuma fuskar nan ita ce a jikin shagunan KFC a duniya. Shi ya gane abin da yawancin baƙin ba su da halin amfana da shi, cewa minti biyar a gaban ƙasa baki ɗaya talla ce da kuɗi ba sa saye. Mai buga gindin akwati ba shi da abin sayarwa, aikinsa na cikin masana'antar wani.

Da aka farfaɗo da shirin a 1968, da Wally Bruner sannan Larry Blyden, har zuwa 1975, an gyara wannan giɓin kaɗan. Bayan an gama canka, sai a buɗe labule baƙo ya nuna aikinsa a aikace, wani lokaci a sa masu cankar su gwada da hannunsu su sha kunya. Wannan ya fi kusa da girmama gwaninta. Sai dai a lokacin shirin ya bar daren Lahadi, ya bar kwat da dogayen riguna, ya zama ɗaya daga cikin tarin wasannin da ake cike rana da su.

Ragowar da muke gani a yau ma da ƙyar ta tsira. Shirin kai tsaye ake watsa shi, kuma hanyar adana shi a lokacin ita ce a kafa kyamarar fim a gaban talabijin ta ɗauki hoton. CBS kan lalata irin waɗannan finafinai domin a tace azurfar da ke jikinsu a sayar. Sai a tsakiyar 1952 Goodson da Todman suka fara biyan kuɗi ana ajiye musu, shi ya sa yawancin fitowar shekara biyun farko ta salwanta, tare da fuskokin masu sana'ar da suka zo a cikinta. Abin da ya rage, ɗaruruwan fitowa ne da masu binciken tarihin aiki za su iya tsinta daga ciki: mai karɓar ajiyar hula, mai wanke ƙunzugu, da ayyuka da dama da injin ko sauyin zamani ya share. Sai dai mai binciken zai samu sunan aikin, da fuskar mai yin sa, da garin da ya fito, amma bayanin yadda ake yin aikin da wuya ya wuce jimla biyu da Daly ya yi sauri ya faɗa kafin a tafi talla.